Kiɗan gargajiyar Norway a shagon tura waƙoƙi na Tudun Wada

A cikin shagunan tura waƙoƙi da ke kusa da Kasuwar Barci a Kaduna akwai wanda mai shi ya tara kiɗan gargajiya na ƙasashen waje, kuma kason Norway ne ya fi cancantar a yi magana a kansa. Kuɗin turawa a memori bai taka kara ya karya ba, sautin kuma yana fita tas ko da a ƙaramar lasifika.

Galibin abin da ke ciki kiɗan hardingfele ne, wani irin goge mai tsarkiya huɗu da ake gogawa, da wasu huɗu ko biyar a ƙarƙashinsu waɗanda hannu ba ya taɓawa, sai dai su amsa da amo. Zaɓin ya burge ni domin ya haɗa tsofaffin ɗauka masu ƙaraurawa da na matasan yau, ta yadda mai sauraro zai ji tafiyar da kiɗan ya yi. A ƙarni na 19 masu wa'azi sun kira wannan goge kayan Shaiɗan, har wasu makaɗa suka ƙone nasu, amma a 1849 Myllarguten, makaɗin goge na yankin Telemark a Norway, ya hau dandali a babban birnin ƙasar bisa gayyatar Ole Bull, shahararren makaɗin gogen Turawa ɗan Norway. A 1901 marubucin kiɗa Johan Halvorsen ya rubuta kiɗe-kiɗen tsohon makaɗin hardingfele Knut Dahle a takarda, bayan da Dahle ya roƙi shahararren marubucin kiɗa Edvard Grieg kada a bari kiɗe-kiɗensa su bi shi kabari. Kiɗan da aka saba yi a gidan biki ya koma zauren gasar Landskappleiken ta shekara-shekara, sannan a 2019 UNESCO ta sanya kiɗa da rawar kwarin Setesdal na kudancin Norway cikin jerin al'adun duniya.

Aibin hidimar guda ɗaya ne, amma ba ƙarami ba ne. Makaɗan Norway kan ambaci kowane kiɗa tare da sunan wanda aka koya daga gare shi, domin da ka da kunne ake gadonsa. A wannan memori kuwa lambobi kawai aka bar wa fayilolin, babu sunan makaɗi balle na kwarin da ya fito, don haka ba a iya rarrabe salon yankin Telemark da na yankin Hardanger, ko a gane abin da almajiri ya sauya daga na malaminsa. Mai neman abin sauraro a mota zai gamsu, amma ɗalibin kiɗa ya nemi a tura masa fayilolin da sunayensu na asali kafin ya biya.