Josephine Siao ko Sylvia Chang: da wa za a fara?

'Yar'uwa, kin tambayi da wa za ki fara cikin waɗannan 'yan wasan fim biyu masu rubuta fim. Tunda kuɗin faifan mutum ɗaya ne a hannunki, kuma fim na harshen Kantonis, wato Sinancin da ake yi a Hong Kong, kike nema, ki ɗauki Josephine Siao.

A Shanghai aka haife ta a 1947, amma a Hong Kong ta tashi, tun tana ƙaramar yarinya take gaban kyamara. A shekarun 1960 ita da Connie Chan ne taurarin 'yan mata a finafinan Kantonis. Ana cikin yayinta ta ajiye komai ta tafi Amurka karatu a jami'ar Seton Hall. Da ta dawo, a 1976 ta sa hannu a rubutun fim ɗin Jumping Ash, ta kuma ba da umarni tare da Leong Po-chih. Labarin 'yan sanda ne da masu safarar ƙwaya, an ɗauke shi a titunan gari maimakon cikin situdiyo, shi ya sa ake lissafa shi cikin waɗanda suka share wa sabon salon finafinan Hong Kong hanya.

Amma inda za ki fi ƙaruwa shi ne Summer Snow na 1995, wanda Ann Hui ta ba da umarni. Ba Siao ta rubuta shi ba, sai dai ki lura da yadda mai sanin rubutu ke riƙe rawa. Matar aure ce mai aikin ofis, ga surukinta ya kamu da cutar mantuwa, duk ɗawainiya ta dawo kanta. Tun a farko, wajen cinikin kifi a kasuwa, kin gane halinta da ƙuncin aljihunta ba tare da wani ya yi bayani ba. Da wannan rawar ta ci kyautar gwarzuwar 'yar wasa a bikin Berlin.

Sylvia Chang, 'yar Taiwan, ta fi ta yawan rubutu, wannan ba a musu. Ita ta rubuta Passion na 1986 ta kuma fito a ciki, Tempting Heart na 1999 ya kawo mata kyautar rubutu a Hong Kong. Sai dai aikinta da yawa na Sinancin Mandarin ne, ba abin da kike nema ba.

Ki yi hattara da masu sayarwa ta intanet. Finafinan Hong Kong sukan fito da murya biyu, Kantonis da Mandarin, wasu kuma sai su turo miki kwafin sata mai Mandarin kaɗai, baki na motsi daban magana daban. Kafin ki biya, ki ce a ɗauko miki hoton bayan kwali ki duba harsunan murya da na rubutun ƙasan allo. Ki duba lambar yanki ma: DVD na Hong Kong yanki na 3 ne, namu na 5, Blu-ray nasu A namu B. In na'urarki ba mai karɓar kowane yanki ba ce, faifan na iya ƙin buɗewa. Ki fara da Summer Snow, ya fi Jumping Ash sauƙin samu.