Hurricane Ko Spitfire? Shawarata Ga Mai Son Sayen Ƙaramin Jirgin Zamanin Yaƙin Hitila

Tun ranar da na sa hoton kantar ɗakina a intanet, wadda na jera ƙananan jiragen Yaƙin Duniya na Biyu a kanta, tambaya ɗaya ake ta maimaita mini: Malam, wanne zan fara saya? Wasu don ado suke so, wasu don yaransu, akwai kuma wani malamin tarihi da ke son abin da zai ɗaga a aji ɗalibai su gani da idonsu. Amsata ba ta canza ba: Hurricane, jirgin yaƙin Ingila, ba ɗan'uwansa Spitfire ba. Amma tunda kuɗinka ne za su fita, bari in faɗa maka dalili, in kuma nuna maka ramukan da na faɗa.

Iri biyu ake sayarwa. Akwai na ƙarfe, wanda yake zuwa a haɗe da fentinsa, sai dai ka buɗe kwali ka ajiye. Kamfanin Corgi ya yi suna a wannan. Akwai kuma na roba da yake zuwa gunduwa-gunduwa, kai za ka yanko, ka manna da gam, ka yi fenti, ka liƙa sitika. Airfix na Ingila, Tamiya na Japan, Revell na Jamus da Arma Hobby na Folan duk irin wannan suke yi. Na ƙarfe ya fi tsada, kuma babu abin da zai koya maka. Na roba shi ne zaɓina, domin wanda ya kwana uku yana haɗa jirgi da hannunsa ba zai ƙara rikita shi da wani ba har abada.

Sai girma. Lambar da ke jikin kwali, 1:72 ko 1:48, tana nufin sau nawa aka rage jirgin. Faɗin fikafikan Hurricane na gaske ƙafa 40 ne, wato mita 12 da ɗan ɗoriya. A 1:72 zai zo kusan santimita 17, a 1:48 kuwa kusan 25. Fara da 1:72. Ya fi sauƙin kuɗi, ya fi sauƙin kuɗin aiko, kuma ba zai cinye maka kanta ba. Wani abokina ya ɗauko Lancaster, babban jirgin jefa bom mai inji huɗu, ko a 1:72 faɗinsa ya haura santimita 40. Yau yana saman wadirob, uwargida ta ce ba a falonta ba.

To, me ya sa Hurricane?

Na farko dai, shi ne ya yi wahalar, wani ya kwashe suna. Rundunar sojan saman Ingila, RAF, an kafa ta ranar 1 ga Afrilu 1918, kuma a 1936 aka raba ta bisa aiki: ɓangaren jiragen kare gida, ɓangaren masu jefa bom, ɓangaren masu gadin teku, da ɓangaren horaswa. Ɓangaren kare gida yana hannun Hugh Dowding, wanda ya yanka ƙasar shiyya-shiyya, kowace da kwamandanta. Shiyya ta 11, ta kudu maso gabas, wadda ke fuskantar Faransa, Keith Park ne ke riƙe da ita, kuma ita ta sha mafi yawan wuta. Na'urar rada da ke bakin teku ta hango jiragen Jamus, labari ya tafi hedikwata a tace shi, a sauko da shi shiyya, shiyya ta ce wa sikwadiron kaza, wato ƙungiyar jirage da matuƙansu, ta tashi. Da wannan tsari aka yi gwabzawar sararin samaniyar Ingila daga 10 ga Yuli zuwa 31 ga Oktoba 1940, kuma a cikinta sikwadiron masu Hurricane sun fi masu Spitfire yawa, jiragen Jamus da suka kakkaɓo ma sun fi yawa. Sikwadiron ta 303, ta matuƙan Folan da suka gudo bayan an ci ƙasarsu, Hurricane take tuƙawa.

Sydney Camm ne ya zana shi a kamfanin Hawker, ya fara tashi a Nuwamba 1935, an ƙera sama da 14,000. Ba kyakkyawa ba ne. Yana da ɗan doro a bayan mazaunin matuƙi, fiffikensa mai kauri, kuma bayan jikinsa bututun ƙarfe ne da katako aka lulluɓe da yadi. Wannan yadin shi ne sirrinsa: harsashi ya huda ya wuce, makanikai su yi faci da daddare, da safe ya koma bakin aiki. Ƙafafunsa a ware suke, don haka yana sauka a filin da ba kwalta ba tare da ya kife ba. A kan ƙaramin na roba, in kamfanin ya iya aiki, za ka ga layi-layin yadin nan a bayansa. Ni da farce nake fara shafawa kafin in duba komai.

Dalili na biyu shi ne ya fi taɓa mini zuciya. Jirgin nan ya sauka a Kano.

Da Italiya ta shiga yaƙi a Yuni 1940, Faransa kuma ta faɗi, sai Bahar Rum ta zama hanyar mutuwa ga jiragen ruwan Ingila, ga shi kuma ana buƙatar jiragen yaƙi a Masar. Sai aka koma ɗauko su a cikin akwatuna ta ruwa zuwa Takoradi, a Gana ta yau, a haɗa su a can, su tashi zuwa Legas, Kano, Maiduguri, su ratsa ta Fort Lamy wadda yanzu ake kira Injamena, su shiga Sudan ta El Geneina da El Fasher har Khartum, sannan su bi Kogin Nilu zuwa Masar. Abin da ya buɗe tsakiyar hanyar shi ne gwamnan Chadi, Félix Éboué, ya koma bayan Janar de Gaulle, jagoran Faransawan da suka ƙi miƙa wuya ga Jamus, a Agusta 1940. Ayarin farko ya tashi a Satumba 1940: jirgin jefa bom Blenheim guda a gaba, mai ɗauke da masanin hanya, Hurricane shida na biye da shi kamar 'yan tsaki. Kafin a rufe harkar, jirage sama da 5,000 sun bi wannan hanya. Kano ba baƙuwar jirgi ba ce ma a lokacin, tun 1925 jiragen RAF suka fara sauka a cikinta.

Saboda haka in za ka saya, nemi Hurricane na sahara. Alamarsa wani ƙullutu ne a ƙarƙashin hanci, kamar maƙoƙo, wanda matatar iska ce da ke hana yashi shiga inji. Fentin samansa ruwan ƙasa ne da ruwan rairayi, cikinsa shuɗi. Yawanci kwalin yana ɗauke da guntuwar kalmar Trop bayan sunan. In an haɗa maka da tankunan mai biyu na ƙarƙashin fiffike, to ka dace, don da irinsu aka yi doguwar tafiyar. Ranar da na gama nawa na ɗora shi a tafin hannu na nuna wa wani dattijo maƙwabcina, ya juya shi sama da ƙasa ya ce, "Ɗan nan, ashe da doro aka ci yaƙin?" Har yau dariya nake in na tuna.

Sauran fa? Spitfire kyakkyawa ne, an ƙera sama da 20,000, kuma kowa yana da shi. In ka matsa sai shi, nemi sitikar sikwadiron ta 91, wadda aka laƙaba wa sunan Najeriya, haruffanta DL. Messerschmitt 109 na Jamus ƙafafunsa tsukakku ne, a ƙaramin ma da an buge kanta sai ya karye. Mustang na Amurka fentin azurfa yake so, wanda ke tona duk kuskuren ɗan koyo, sai dai in kana son mai jar wutsiya na matuƙa baƙar fata na Tuskegee. Zero na sojan ruwan Japan ne, domin Japan ba ta da rundunar sama mai zaman kanta a yaƙin, ko Amurka ma tata tana ƙarƙashin sojan ƙasa ne har 1947. Zero ba shi da alaƙa da mu, bar shi sai daga baya. Wanda kawai nake ɗaga wa ƙafa shi ne Kittyhawk mai zanen bakin kifi na sikwadiron ta 112, don yara na son sa, irinsa kuma sun bi ta Takoradi. Dakota, jirgin dakon kaya, shi ma yana da hujja, tunda ta sama aka riƙa jefa wa sojojinmu na runduna ta 81 abinci da harsashi a kwarin Kaladan na Bama, amma ya yi wa mai farawa girma.

Yanzu maganar da ta fi duk wannan muhimmanci: 'yan damfara.

Na farkon da na saya, wani mai talla ne a intanet ya sa hoton Hurricane na ƙarfe, 1:48, a farashin da ya kamata ya sa in yi tunani. Araha ba ta ado, na sani, amma kwaɗayi ya rufe mini ido. Na tura kuɗi. Bayan mako uku aka kira ni tasha in karɓi saƙo. Kwalin ko nauyin burodi bai kai ba. Na buɗe a nan gefen mota, ɗana yana leƙe. Abin da na ciro bai cika tafin hannuna ba, roba ce mai ƙyalli, an cusa ɗan guntun ƙarfe a cikinta yana kwaram-kwaram. Fiffikensa na Spitfire ne, mai siffar ganye. A jikinsa tauraron Amurka mai jan ɗigo a tsakiya, alamar da aka daina sawa tun 1942 don kada a rikita ta da jan da'irar Japan, sannan ga zanen fari da baƙi na ranar kutsawa Normandi ta Faransa, 6 ga Yuni 1944. Jirgi ɗaya, ƙasa biyu, shekara biyu a tsakani. Na kira lambar, a kashe. Ɗana ya ce, "Baba, ba ni mana." Na ba shi. Kafin magariba farfelar ta cire.

Daga ranar na kafa wa kaina doka. Ba na sayen abin da hoton kwali kawai aka nuna mini. Sai an buɗe, an ɗauki hoton kayan ciki tare da takarda mai ɗauke da kwanan watan ranar da hannu. Ba na yarda da tallar da ba ta faɗi girma da lamba ba. "Babba" da "matsakaici" ba awo ba ne. Kuma ina duba jirgin da kansa. Ƙafafun Hurricane ciki suke naɗewa, na Spitfire waje. Lagireton Hurricane a tsakiyar cikinsa yake, na Spitfire a ƙarƙashin fiffike. Jiragen RAF suna da haruffa biyu a gefe ɗaya na da'irar tambarin da ke jikinsu, su ne sunan sikwadiron, da harafi guda a ɗaya gefen, shi ne na jirgin kansa. Rubuta haruffan nan biyu a wayarka ka bincika. In sikwadiron ɗin ba ta taɓa tuƙa irin jirgin ba, to mai yin bai san abin da yake yi ba, ko ya sani yana raina maka hankali. Launi ma yana tona asiri: na 1940 a Ingila kore ne da ruwan ƙasa, toka-toka da kore sai daga 1941. Abu ɗaya da ba zai tayar maka da hankali ba: in ka sayi jirgin Jamus ka ga babu tambarin 'yan Nazi a wutsiya, ba jabu ba ne, dokar Jamus ce ta sa kamfanoni da yawa ba sa sawa.

Akwai wata cutar da ba ta kai damfara ba amma tana ciwo: tsohon kaya. Na taɓa sayen kwali a rufe, orijina, mai sayarwar bai ce mini ya shekara aru-aru a shago ba. Na gama haɗawa, na gama fenti, na tsoma sitikar a ruwan ɗumi, sai ta wargaje kamar busasshen ganyen kuka. Tambayi shekarar da aka buga, ka nemi hoton takardar sitikar. In ta yi rawaya ko ta tsattsage, ka wuce. Ka kuma tambaya ko kayan sun zauna a rana, don zafinmu yana lanƙwasa fiffiken roba, kuma wanda ya lanƙwashe ba ya komawa daidai.

Mafi munin su kuwa masu sayar da "kayan tarihi". Da sun ga kana son harkar za su biyo ka ta saƙo: bajen matuƙi, maɓallin riga, guntun ƙarfe wai an tono a kusa da filin jirgin Kano ko Maiduguri. An taɓa kawo mini baje guda har gida, an naɗe a tsumma, ya yi tsatsa, mai shi yana rantsuwa. Na juya bayansa, sai ga fil irin na bajen 'yan makaranta, tsatsar kuma tana gogewa da yatsa. Ban saya ba, na dai ba shi kuɗin mota. Duk wanda ba zai iya faɗa maka daga hannun wa kayan ya fito ba, labari yake sayar maka.

Maganar gam: kada ka taɓa shi da sufa gulu, yana sa gilashin mazaunin matuƙi ya yi fari fat. Gam na roba na musamman ake so, shi kuma da wasu fentin ba kasafai ake yarda a sa su a jirgin sama ba saboda suna kama wuta, don haka ka tabbatar za su iso ka kafin ka biya. Airfix na da 'yan kwalaye na masu koyo da ke zuwa da fenti, gam da buroshi a ciki. In ka samu Hurricane a irinsu, kada ka tsaya ciniki da yawa. Kuma kada ka yi fenti a tsakar hunturu taga a buɗe. Nawa na biyu haka na yi masa, ƙura ta kwanta a kan ɗanyen fentin, ya fito da kaushi kamar bayan tukunya. Yana nan a kantar, a layin baya, in baƙo ya tambaya sai in ce daga Maiduguri ya taso.