Wani Shagon Hayar Kayan Ɗaukar Fim a Titin Gidan Zoo

A Kano ba kasafai mai ɗaukar hoton fim yake mallakar kayan aikinsa ba, domin kuɗin kyamara mai kyau da gilasanta sun fi ƙarfin abin da furodusa yake biyan sa a fim guda, shi ya sa yawancinmu muke dogara da shagunan haya da ke kewayen titin Gidan Zoo, inda ofisoshin 'yan Kannywood suka taru. A hunturun da ya wuce na shiga ɗaya daga cikinsu, bayan an ba ni aikin ɗaukar wani shiri mai dogon zango da za a ɗora a YouTube, wanda za mu yi kwana shida muna yi a wani ƙauye da ke hanyar Bichi.

Kyamarar da na zaɓa ita ce Blackmagic Pocket Cinema Camera 4K, wadda ta fito a 2018, saboda tana ɗaukar hoto a tsarin Blackmagic RAW, wanda yake bai wa edita damar gyara launi a manhajar tace fim ta DaVinci Resolve ba tare da hoton ya lalace ba, kuma tana iya aiki a zaure mai duhu idan aka ɗaga ma'aunin karɓar haskenta, wato ISO, zuwa 3200. Abin da ya fi burge ni shi ne matashin da ke kula da kayan, wanda ya cire gilashin a gabana, ya hure ƙurar da hazo ya tara a ciki, ya kunna kyamarar ya nuna mini farin bango don in tabbatar babu ɗigon datti, sannan ya rubuta komai a takarda har da igiyar caji, muka sa hannu mu biyu. Fitilun da ya haɗa mini ma ba su ba ni matsala ba.

Inda shagon ya gaza shi ne batura. Duk wanda ya san wannan kyamara ya san ƙaramin batirinta ba ya daɗewa, amma guda uku kawai suka ba ni, ɗaya kuma ya kumbura, ga shi a lokeshan babu wuta sai janaretan mai shayi. Haka kuma ba su da gilashin rage hasken rana, alhali kyamarar ba ta zo da nata a ciki ba, don haka daga sha biyu zuwa bayan azahar muka riƙa ajiye fitowar waje, darakta yana ta duba agogo yana cewa, "Malam, yau ma rana ta cinye mu."

Da na mayar da kayan na gaya wa mai shagon, ya ba ni haƙuri, ya rage mini kuɗin yini ɗaya, ya kuma ware batirin da ya kumbura a gabana.