Mai goge ko mai ganga: wa zai ja labarin?

Ina rubuta ƙagaggen labari don matasan unguwarmu a Tawa, kuma makaɗa biyu sun tsaya mini a rai.

Na farko mai goge ne. Idan ya ja tsirkiya, rana takan koma baya: la'asar ta zama hantsi, tsohuwa ta sake jin muryar mijinta da ya rasu. Yana taɓa zuciya, amma ina tsoronsa. In har ana iya maido da jiya, wane rashi ne zai sa mai karatu hawaye?

Na biyu mai ganga ne, shi da ƙasa yake magana. Bugu ɗaya, laka ta kwaɓu da kanta. Ya sauya kiɗa, tubali ya hau kan tubali, azara ta kwanta, soro ya miƙe. In ya yi kuskure, bango ya tsage a gaban jama'a, kowa ya gani. Shi na fi so, don na san inda ya samo asali. A nan jiharmu, a garin Yama, magini Falke Barmu ya gina masallacin laka a 1962, mutanen gari suna kawo ruwa da laka, har ginin ya samu kyautar Aga Khan ta fasahar gini a 1986. Wanda ya taɓa ganin aikin gayya ya san yadda kiɗa ke ɗaga hannuwa lokaci guda.

Mai goge zan bar masa babi ɗaya, daren da damina ta rushe soron.