Hisba ko kotu: ina za a kai uban da ya daina ciyarwa?

A Kano, matar da aka saka aka bar ta da yara ba ci ba sutura, hanya biyu gare ta. Hisba sulhu take yi: a kira uban, a yi masa nasiha, a rubuta abin da zai riƙa bayarwa duk wata. Ba lauya, ba dogon zama. In ya saɓa alkawari kuwa, sai dai a tura su gaban alƙali.

Kotun Musulunci akwai jeka-ka-dawo, ga kuɗin mota. Amma hukuncinta dole ne a bi. Alƙali na yanka kuɗin daidai ƙarfin uban, kuma a Malikiyya ciyar da ɗa namiji na wuyansa har ya balaga, mace har ta tare gidan miji. Uba mai taurin kai, gara kotun tun farko.