Wata goma sha huɗu da batir mai araha a motata

Tsohon batirin motata bai yi mini sallama ba. Da daddare na ajiye mota lafiya ƙalau, da safe na murɗa makulli sai na ji "ƙat-ƙat-ƙat", fitilun dashbod suka dushe, shi ke nan. Ya yi shekara huɗu da 'yan watanni yana aiki, don haka ban ga laifinsa ba. Abin da ya ɓata mini rai shi ne lokacin da ya zaɓa, ƙarshen wata, aljihu ya yi sanyi. Haka na tsinci kaina gaban mai sayar da batir, ya jera mini guda uku masu girma ɗaya, kowanne an rubuta masa 12V da 60Ah, wato ƙarfin wutarsa bolt 12, yawan wutar da yake riƙewa kuma amfiya-awa 60. Na ƙarshen kuɗinsa bai wuce rabin na farkon da komai ba, kuma sunan da ke jikinsa ban taɓa jin sa ba. Shi na ɗauka. Na san araha ba ta ado, amma ni ba ado nake nema ba, mota nake so ta tashi.

Kafin in biya na yi abu biyu, kuma har yau ina ganin su ne suka hana ni yin babbar asara. Na nemi ranar da aka ƙera shi, wadda aka buga da zafi a gefen murfi, na tarar watansa huɗu. Batir yana tsufa ko a kan kanta yake, domin yana zubar da cajinsa a hankali ko ba a jona masa komai ba, shi ya sa ba a son wanda ya haura wata shida a ajiye. Sannan na sa aka ɗora masa mita, ta nuna bolt 12.4. Cikakken batir 12.6 yake nunawa ko sama da haka kaɗan, saboda ɗakuna shida ne a cikinsa, kowanne yana ba da wajen 2.1. Idan ka ga 12.4 cajin ya ragu da kamar kashi ɗaya cikin huɗu, 12.2 rabi ne, 12.0 kuma ya kusa ƙarewa. Mai kayan ya ce da na yi tafiya zai cika. Ba ƙarya ya yi ba, amma da na sani da na ce a fara cika shi da caja.

Abin da ya fara sa ni zargi shi ne nauyi. Na ɗaga tsohon da hannu biyu ina nishi, na ɗaga sabon da hannu ɗaya. Da na koma gida na ɗora su a ma'aunin da muke auna kanmu: tsohon kilo 15, sabon kilo 12 da rabi. Akwati ɗaya, tsawo ɗaya, lamba ɗaya a jiki, amma kilo biyu da rabi sun yi ɓatan dabo. Wannan ba ƙaramin abu ba ne, domin batirin mota ba komai ba ne illa faifan dalma da aka tsoma cikin ruwan batir. Tun 1859 da wani Bafaranshe mai suna Gaston Planté ya ƙirƙiro shi, tushen aikin bai canza ba: dalma da ruwan ne ke riƙe wutar. Dalma ce mafi tsada a cikinsa, ita ce kuma mafi nauyi. Duk wanda zai karya farashi da rabi, a nan zai rage, ko ya sirantar da faifan ko ya rage yawansu. Roba da takardar da aka manna ba su da tsadar da za a ce daga nan aka samu rangwamen.

A goshin batirin an rubuta 540A da manyan haruffa. Na ji daɗin lambar, domin tsohon nawa ma 540 ne. Sai da na kai motar wurin rewayan da ke duba mini wuta ya sa yatsa a kan wasu ƙananan haruffa biyu da ke gefen lambar.

"Yallaɓai, ka ga wannan? CA aka rubuta. Na tsohon naka CCA ne."

Na ce, "To Malam, harafi ɗaya ne fa bambancin."

Ya yi dariya ya ɗauko na'urar gwajinsa. CCA, kamar yadda ake auna shi a ƙa'idar Amurka, shi ne yawan amfiyar da batir zai iya bayarwa na daƙiƙa 30 a cikin sanyin digiri 18 ƙasa da sifili, ba tare da ya faɗi ƙasa da bolt 7.2 ba. CA kuwa irin gwajin ne, sai dai a sifili ake yi, inda batir bai sha wuya sosai ba, don haka lambar takan fito da girma. Batirin da ya ci 540 a CA, idan aka mayar da shi CCA zai sauko wajen 430. Na'urar rewayan ta nuna 420. Ba za ka ce sun yi ƙarya ba, sun dai zaɓi gaskiyar da ta fi kyan gani suka rubuta da manyan haruffa. Wani zai ce shi ina ruwansa da sanyin ƙasa da sifili. Gaskiya ne, amma da wannan lambar kaɗai ake iya gwada batir biyu a ma'auni ɗaya, kuma ita littafin motarka ke nema.

Duk da haka, in faɗi alherinsa: wata bakwai na farko bai taɓa ba ni kunya ba. Murɗawa ɗaya mota ke tashi, safe da yamma. Injina ƙarami ne, na fetur mai lita 1.6, kik ɗinsa ba ya cin wuta kamar na manyan motoci ko na dizal, saboda haka 420 ɗin ta wadatar. Na sayi 'yar mita ta kaina ina dubawa duk mako kafin in tada mota, tana nuna 12.5 ko 12.6. Idan inji na aiki takan nuna 14.2, wato altaneta lafiyarta ƙalau, tunda abin da ake so shi ne tsakanin 13.8 da 14.4. A wannan lokacin har na fara yi wa abokaina tallarsa, ina cewa suna kawai muke saya da tsada. Ina roƙon su gafara.

Tafiya ce ta fara tona masa asiri. Na bar motar a gida kwana 16. Da na dawo na murɗa makulli, inji ya juya da ƙyar kamar wanda aka tasa daga barci mai nauyi, sai a karo na uku ya kama. Kafin in murɗa na duba mita, 12.0 ta nuna. Na fara zargin ko wani abu ne ke shan wuta a ɓoye, na koma wurin rewaya. Ya cire kan batir na nagatif, ya jona mita a tsakani, muka jira kwamfutar motar ta kwanta. Miliyamfiya 40 ta nuna (miliyamfiya dubu ne amfiya ɗaya), kuma duk abin da bai wuce 50 ba daidai yake, agogo ne da rediyo da na'urar kulle ƙofa ke lasa. Sai muka yi lissafi a bayan takardar rasit. Miliyamfiya 40 a awa 24 bai kai amfiya-awa ɗaya ba, a kwana 16 wajen 15 ke nan. Wannan kashi ɗaya cikin huɗu ne na 60. Batirin da da gaske 60Ah ne ya kamata in same shi a kusa da 12.4, ya tada mota ba gardama. Nawa ya sauka kusan ƙasa. Ma'anar 60Ah ita ce ya ba da amfiya 3 na tsawon awa 20 kafin ya faɗi zuwa bolt 10.5, kuma a ranar na tabbata wannan ba zai iya ba. A nan ne kilo biyu da rabin nan suka dawo neman bashinsu.

Karo na biyu da ya ba ni kunya laifina ne, ba zan ɗora wa kowa ba. Na manta ƙananan fitilun gefe a kunne tun bayan isha har gari ya waye, awa goma ko makamancin haka. Waɗannan ƙwayayen duka-duka wajen amfiya 2 suke ja, wato 20 daga cikin 60. Na taɓa yi wa tsohon batirina wannan ganganci har sau biyu, ya yafe mini, mota ta tashi. Wannan kuwa ko fitilar cikin mota bai iya kunnawa da kyau ba. Sai da maƙwabcina ya kawo motarsa muka jona waya. Kuskuren da na ƙara shi ne, na ɗauka tafiyar minti ashirin zuwa wurin aiki za ta cika shi. Altaneta ba caja ba ce, aikinta ta mayar da ɗan abin da kik ya ci, ta kuma ciyar da fitilu da na'urar sanyaya mota. Batirin da ya faɗi warwas yana bukatar awoyi a kan caja mai tafiya a hankali. Na yi kusan mako biyu ina yawo da shi rabi-rabi kafin in kai a yi masa caji. A wannan zaman ne wani farin gishirin dalma ke taruwa a jikin faifan ya daskare, kuma idan ya yi tauri caji ba ya narkar da shi duka. Tun daga ranar ban sake ganin 12.6 ba. Ko an cika shi, da safe 12.4 nake samu. Na'urar rewaya da ta nuna 420 a farko, yanzu 340 take nunawa.

Akwai wani ɗan madubi zagayayye a saman batirin, wanda ake cewa idan ya yi kore lafiya lau. A safiyar da na dawo daga tafiya, mota na nishi, kore shar yake. Ɗaki ɗaya kawai yake leƙawa cikin shida, sauran biyar ba ruwansa da su. Na daina kallonsa.

Ƙirar jikinsa ma akwai abin faɗa. Kan batirin na fozitif ya fi na tsohon siranta kaɗan, duk yadda na ɗaure da sifana ina iya juya maɗaurin da hannu, sai da aka sa masa ɗan zoben dalma. A wata na tara wani gari mai fari da shuɗi-shuɗi ya fara taruwa a gindin kan, alamar hatimin wurin yana fitar da tururin ruwan batir. Na wanke, na shafa giris, bayan mako shida ya dawo. Duk wanda zai yi wannan aikin ya fara cire nagatif, shi zai mayar a ƙarshe, kuma kada ya kusanto da sigari ko ashana, domin batir yana fitar da iska mai kama wuta lokacin caji. An rubuta a jikinsa cewa ba ya bukatar kulawa, amma da lokacin zafi ya wuce rewaya ya ɓare takardar saman sai ga marufai shida a ƙarƙashi, ruwan ɗakuna biyu ya sauka har saman faifan ya kusa bayyana. Tataccen ruwa muka ƙara, ba na famfo ba, ba kuma ruwan batir ba, tunda ruwa ne ya ƙafe, asid ɗin yana nan. Mutane sun fi tsoron sanyi saboda da sanyin safiya batir ke nuna gazawarsa, alhali zafin cikin bonet ne ke cinye faifan a hankali yana ƙafar da ruwan. Faifai masu siranta kuwa ba su da abin da za su ba zafi ya ci na tsawon lokaci.

Garantinsa wata shida ne, kuma duk matsalolin nan bayan wata na bakwai suka faro. Ko da sun zo da wuri ma, a takardar an rubuta cewa ba a karɓar batirin da aka bari ya faɗi. Ban ko wahalar da kaina da komawa ba.

Idan aka tambaye ni ko batirin banza ne, zan ce a'a. Yana tada mota, kuma ya fitar da ni a ranar da ba ni da halin sayen wani. Abin da ba shi da shi shi ne haƙuri. Muddin mota na fita kullum, tana yin tafiya mai ɗan nisa, altaneta lafiya, mai ita kuma ba mai mantuwa ba ne, zai yi aikinsa. Ranar da ɗaya daga cikin waɗannan ya kuskure, babu ajiyar da zai ciro. Mai ƙaramar mota da ke shirin sayar da ita nan kusa, ko wanda ke neman abin da zai riƙe shi zuwa lokacin da hali zai samu, zai iya ɗauka, da sharaɗin ya duba ranar ƙira, ya sa mita, ya nemi haruffan CCA, ya kuma ɗaga shi ya ɗaga na kusa da shi. Mai dizal, da mai barin mota kwana da kwanaki, da wanda tafiyarsa ba ta wuce minti goma, ban ba su shawara ba. Mai motar da ke kashe inji da kanta a tsaye kuwa kada ma ya fara, irin waɗannan batir na musamman da ake kira EFB ko AGM aka ƙera musu, batir na gama-gari ba zai jure yawan kashewa da tayarwar ba.

Tsohon ya ba ni wata hamsin da wani abu. Wannan a rabin kuɗi yana bukatar ya kai wata ashirin da biyar kafin a ce an yi kunnen doki, kuma yadda lambobinsa ke sauka ban ga alamar zai kai ba. Yau watansa goma sha huɗu. Da safen nan mita ta nuna 12.3, mota ta tashi a murɗawa ta biyu. Wayar jona batir tana cikin but, kusa da safaya.