Aikin 'yan tiranzit a hanyar Duwala zuwa Njamena: amfaninsu da gazawarsu

Duk ɗan kasuwar Njamena ko Mundu da kayansa ke sauka a tashar jirgin ruwa ta Duwala ko Kiribi, ba shi da makawa sai ya bi ta hannun ɗan tiranzit, wato wakilin da ke yi wa kaya takardun duwan (kwastan), mai lasisin CEMAC, ƙungiyar tattalin arzikin ƙasashen Afirka ta Tsakiya. A ganinmu kuɗin da ake biyan mai lasisi bai faɗi ƙasa banza ba, amma aikin yawancinsu rabi ne: suna da ƙarfi a Duwala, suna da rauni daga Ngaundere zuwa gadar Ngeli da ke iyakar Kamaru da Cadi.

Kayan da ke wucewa zuwa Cadi ba sa biyan kuɗin duwan na Kamaru, wanda ke kaiwa kashi 30 cikin ɗari ga wasu kaya, ko harajin TVA na kashi 19.25. A maimakon haka ɗan tiranzit yana ajiye lamunin banki, ya shigar da bayanan kayan a CAMCIS, tsarin kwamfutar da duwan ɗin Kamaru ya koma kansa a 2020, ya fitar da takardar wucewa ta T1. Sai a ɗaura hatimi a ƙofar kwantena, a manna na'urar GPS, direba ya karɓi takardar ɗaukar kaya daga BGFT, ofishin da ke kula da jigilar kaya ta mota a Kamaru. A wannan mataki masu lasisi sun ƙware, don sun san tagar da za a fara da wadda za a ƙare.

Matsalar tana ɓullowa ne a shingen bincike. Jami'in duwan ba ya tsare mota don kaya sun yi yawa ko kaɗan, yana tsare ta ne don takardu sun saɓa wa juna. Rasit ya ce katan 800, jerin kaya ya ce 820. Lambar hatimin da ke jikin ƙofa ta bambanta da ta takarda da harafi ɗaya. Mota ta lalace a Mbe, aka canja kan tirela, amma T1 tana ɗauke da lambar tsohuwar. Wannan na ƙarshe shi ya fi cin mutane, domin direba yana ganin ya yi dabara, alhali a idon duwan motar da ba a sani ba ce ke jan kayan da ba a biya musu haraji ba. Haka idan aka kauce daga hanyar da aka rubuta, misali takarda ta ce Kuseri amma aka karkata ta Tuboro, ko wa'adin tafiya ya ƙare ba a nemi ƙari ba.

A nan ake gane ɗan tiranzit na ƙwarai. Wanda ke da wakili a Ngaundere, Garwa da Kuseri zai tura mutum ya karanta takardar laifin kafin direba ya sa hannu, ya kawo gyararriyar takarda, ya nemi sulhu da duwan, ya karɓi rasidin baitulmali na tarar. Wanda ba shi da wakili sai waya: “Alhaji, a yi haƙuri, muna kai.” Kwana na tafiya, kuɗin jinkirin kwantena na hawa, direba na cin guzurinsa a bakin titi.

Abu na biyu da ba mu gamsu da shi ba shi ne lissafi. Da yawa suna ba da jimla ɗaya, ba sa raba ladansu da kuɗin lamuni, da na GPS, da na tasha. A nemi a rubuta kowanne daban. Tarar sikeli kuma ta mai mota ce idan nauyin mota da lodinta ya haura tan 50, kada a bari a cusa ta cikin kuɗin takardu.

Masu jakar hannu da ke aiki da aron lasisin wani sun fi araha, amma sunansu ba ya kan kowace takarda, don haka ba su da bakin magana a gaban duwan. Kafin a biya cikon kuɗi, a buƙaci shaidar cewa an rufe T1 a iyaka kuma duwan ya saki lamunin bankin, domin fayil ɗin da aka bari a buɗe duwan na iya ɗaukarsa kamar an sauke kayan a cikin Kamaru.